SHARHI: Nauyin Hukuma Ba Ya Sauka Da Saukar Mai Mulki, Waiwaye Kan Gubar Dalma A Zamfara

A watan Disamba na shekarar 2024 ne Gwamnatin Tarayya, ta bakin Ministan Ma'adinai Dele Alake, ta ba da sanarwar ɗage haramcin haƙar ma'adinai da aka sanya wa Jihar Zamfara tun watan Afrilu na 2019. Dalilin haramcin a wancan lokaci shi ne taɓarɓarewar tsaro, domin an yi zargin akwai alaƙa tsakanin ramukan zinare da 'yan bindigar daji, kuma a kan batun tsaron ne akasarin masu sharhi suka tsaya da aka ɗage shi. Mu kuwa muna so mu jawo hankalin jama'armu na karkara, da iyayen ƙasa, da ma'aikatan ƙananan hukumomi zuwa ga wata musiba da ta girmi haramcin da shekara tara, wato gubar dalma, saboda ita ce ta fi bayyana mana abin da ake nufi idan aka ce hukuma tana da alhakin jama'arta a wuyanta.

A cikin watan Maris na 2010, ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta Na-gari-na-kowa, wato MSF, suna zagayen sa ido kan cutar sanƙarau sai suka ci karo da mace-macen ƙananan yara da ya wuce misali a wasu ƙauyukan ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum. Yaro zai fara amai, ya shiɗe, jikinsa ya yi ta jijjiga, kafin a ankara ya cika. An ba da maganin zazzaɓin cizon sauro, an ba da na sanƙarau, babu sauƙi. Sai da aka gwada jinin yaran sannan aka gano dalma ce a cikinsa, da yawan da likitoci ba safai suke ganin irinsa ba. Binciken gida-gida da aka gudanar tare da Cibiyar Yaƙi da Cututtuka ta Amurka a ƙauyuka biyu ya nuna cewa daga cikin yara 463 'yan ƙasa da shekara biyar, 118 sun rasu a cikin shekara guda, wato ɗaya cikin kowane huɗu. A jimlace an ƙiyasta cewa yara aƙalla 400 suka rasa rayukansu, dubbai kuma suka kamu.

Musabbabin abin ba ɓoyayye ba ne. Farashin zinare ya tashi a kasuwar duniya daga 2008, manomin da damina ɗaya ba ta ciyar da shi shekara ya samu abin yi da rani. Dutsen zinaren yankin kuwa a cakuɗe yake da dalma. Ana kawo shi cikin gari a buhu, a farfasa a tsakar gida, a niƙa a injin niƙa irin na hatsi, a shanya, a wanke. Ƙurar ta sauka a ƙasar da yaro mai rarrafe yake wasa yana kai hannu baki, ta sauka a kan tsabar da ake surfe da kuma kududdufan da ake ɗiban ruwa.

Wa ke da alhakin hana haka? Idan aka bi takarda, kowa yana da hanyar zamewa. Tsarin mulkin 1999, a sashe na 44, ya mallaka wa Gwamnatin Tarayya duk ma'adinan da ke ƙarƙashin ƙasa, kuma ita kaɗai ke ba da lasisin haƙa a ƙarƙashin dokar ma'adinai ta 2007. Dokar mallakar filaye ta 1978 ta damƙa ƙasar jiha amana a hannun gwamna. Jadawali na huɗu na tsarin mulkin ya sanya ƙaramar hukuma cikin aikin kiwon lafiya, ya kuma cire hannunta ƙarara daga harkar haƙar ma'adinai. Saboda haka mai ikon dutsen yana Abuja, mai ikon filin yana babban birnin jiha, mai kula da ɗakin shan magani yana sakatariya, ƙurar kuwa tana tsakar gida a Dareta da 'Yargalma. An raba iko gida uku don kada wani ya yi babakere, wannan kuwa hikima ce, amma rabon yakan zama mafaka ga wanda ba ya son a tambaye shi.

Garin Bagega ne ya nuna illar wannan mafaka a fili. Tsakanin 2010 da 2011 an tsabtace ƙauyuka bakwai, wato Dareta, 'Yargalma, Abare, Sunke, Duza, Tungar Daji da Tungar Guru, ta hanyar kankare ƙasar saman gidaje, a binne ta a rami, a zuba sabuwa. Bagega, wadda ta fi su girma, aka bar ta. Likitoci kuma ba su iya fara ba yaranta maganin da ke fitar da dalma daga jini ba, domin ba shi da amfani matuƙar yaro zai koma kwana a kan ƙasar da ta sa masa cutar. A wani taro da aka yi a Abuja a watan Mayu na 2012 aka nemi a saki Naira miliyan 850 da aka yi alkawarinsu don wannan aiki da dangoginsa. Kuɗin bai fito ba sai ƙarshen Janairu na 2013, bayan ƙungiyoyi da matasa sun yi ta kururuwa a kafafen watsa labarai, alhali yara kimanin 1,500 suna jira. A cikin waɗannan watanni takwas babu wani jami'i da ya fito ya ce kada a ceci yaran Bagega. Fayil ne yake tafiya daga tebur zuwa tebur, kowane mai tebur kuma yana iya rantsuwa cewa shi bai kashe kowa ba.

Nan ne ya kamata mu tambayi kanmu mece ce hukuma tun asali, kuma don me talaka yake yi mata biyayya. Magabatanmu sun amsa wannan tambaya tun kafin zuwan Turawa. A cikin Usulus Siyasa, littafin da Muhammadu Bello ya rubuta wa Sarkin Katsina Ummarun Dallaje, ya lissafa kula da maslahar jama'a ta duniya cikin ginshiƙan mulki, har ya ambaci raya masu sana'o'i da gyaran kasuwanni da hanyoyi. Ma'anar wannan ita ce shugaba ba ya kuɓuta don kawai bai zalunci kowa da hannunsa ba, ana tambayarsa har abin da ya bari bai yi ba. Tsarin mulkinmu na yau ma a kan wannan turba yake: sashe na 14 ya sanya tsaro da jin daɗin jama'a su ne babbar manufar kafa gwamnati, sashe na 20 kuma ya ɗora wa hukuma kare ruwa da iska da ƙasa. Bahaushe ya taƙaita zancen da cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Hukumar da ke karɓar haraji da kason arzikin ƙasa da sunan mutanen ƙauye ta riga ta karɓi ladan.

Sai dai akwai wani abu da mutane da yawa ba su sani ba. Waɗannan sassa suna cikin babi na biyu ne na tsarin mulki, sashe na 6 kuma ya hana kotuna sauraron ƙara a kan ko gwamnati ta cika abin da ke cikin wannan babi. Uban da ya binne ɗansa a Abare ba zai iya riƙe sashe na 14 kaɗai ya je gaban alƙali ya ce an karya masa alkawari ba. Abin da ya rage yana riƙe da alkawarin shi ne rantsuwar kama aiki, wadda a cikinta shugaban ƙasa da gwamna suke ɗaukar nauyin kiyaye waɗannan manufofi, sai ƙuri'ar jama'a, sai kuma tsoron Allah da kunyar idon mutane. Wannan ya sa muke cewa nauyin na ɗa'a ne kafin ya zama na shari'a, kuma irin wannan nauyi ya fi saurin salwanta idan aka yi shiru a kansa.

Malamanmu suna da ma'aunin da ya dace da wannan hali, wato farillar kifaya, irin sallar jana'iza: idan wasu suka tsaya suka yi, ta sauka daga wuyan kowa, idan kuwa aka rasa mai yi, duk wanda ya sani kuma yake da iko ya shiga cikin zunubin. Abin lura a nan shi ne sharaɗin sani da iko. Nauyin tarayya ba yana nufin an raba shi daidai wa daida har ya zama ba ya kan kowa ba. Babban sakataren da fayil ya kwana a teburinsa ya fi masinja ɗauka, shugaban ƙaramar hukuma ya fi kansila, dillalin da ke sayen zinaren yana ganin inda ake niƙa shi ya fi yaron da ke dakon buhu. Ya kamata kuma a bambance laifi da alhaki. Laifi na mutum ɗaya ne, kotu ce ke tabbatar da shi. Alhaki kuwa yana hawa kan kujera, duk wanda ya zauna a kanta ya same shi, ko da bai san lokacin da aka yi ɓarnar ba.

Mun sha jin wasu ma'aikata suna cewa ai iyayen ne suka kai dutsen gida da hannunsu. Gaskiya ne su suka kai, kuma bayan an wayar da kai, wanda ya ci gaba da niƙa dutse inda 'ya'yansa ke wasa yana da abin da zai amsa. Amma a 2010 manomin Bukkuyum ba shi da na'urar gwada ƙasa, bai kuma taɓa jin cewa ƙura marar wari tana lalata ƙwaƙwalwar jariri ba. Masu ilimin duwatsu da jami'an tsabtar muhalli suna cikin ma'aikatun gwamnati, ana biyansu albashi don irin wannan rana. Wanda ya ajiye masana ya fi wanda ba shi da su cancantar a tuhume shi da rashin sani.

Daga 2010 zuwa yau mutum huɗu suka riƙe kujerar gwamnan Zamfara: Mahmud Aliyu Shinkafi, Abdul'aziz Yari, Bello Matawalle da Dauda Lawal. A Abuja ma mulki ya canza hannu daga jam'iyya zuwa jam'iyya. Yaron da yake ɗan shekara uku lokacin annobar ya cika goma sha takwas a 2025, kuma likitoci sun tabbatar cewa lahanin da dalma ke yi wa ƙwaƙwalwa ba ya warkewa ko da an fitar da ita daga jini. Akwai waɗanda suka tashi da makanta, akwai masu shanyewar gaɓoɓi, akwai da yawa da ba a ganin komai a jikinsu sai dai karatu ya gagare su. Sabuwar gwamnati takan gaji bashin banki da na 'yan kwangila da na 'yan fansho, ba ta cewa ba ita ta ci ba, domin hukuma jiki ɗaya ce da ke wanzuwa bayan masu riƙe da ita sun shuɗe. To da wace hujja za a gaji bashin siminti a ƙi gadon bashin waɗannan matasa? Tun farkon 2022 da ƙungiyar MSF ta miƙa aikin jinyar ga hukumomin jihar, babu sauran baƙon da za a jingina wa wannan nauyi.

A shekarar 2015 irin wannan annoba ta sake ɓulla a ƙaramar hukumar Rafi ta Jihar Neja, inda yara aƙalla 28 suka rasu, shekara biyar kacal bayan ta Zamfara. Duk ƙaramar hukumar da ake haƙar zinare a cikinta, a Kebbi take ko Kaduna ko Katsina, maganar ta shafe ta.

Ga ma'aikatan ƙananan hukumomi, akwai aiki guda da jadawali na huɗu ya ambata da sunansu, wanda kuma aka fi rainawa: rajistar haihuwa da mutuwa. A ƙauyukanmu ana rasuwa da safe a yi jana'iza kafin azahar, babu wanda ya rubuta. Da a ce mai unguwa yana kai wa dagaci adadin yaran da aka binne kowane mako, dagaci ya kai wa hakimi, jami'in lafiya na ƙaramar hukuma ya duba, da ba sai baƙi masu neman sanƙarau sun zo sun ƙirga mana sababbin kaburbura ba. Wannan aiki littafi ne da biro da mutum mai amana. Bugu da ƙari, a ranar 11 ga Yuli 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye daga asusun tarayya. Shugabannin da suka yi murna da hukuncin su sani cewa gwargwadon yadda kuɗi ya kusanto hannunsu, gwargwadon yadda uzurin "ba a sako mana ba" yake ƙarewa.

Zinaren da ya ja mutane cikin rami a 2010 ana sayar da oza ɗinsa a kan dala dubu ɗaya da 'yan ɗaruruwa ne, a 2025 kuwa ya haye dala 4,000. Babu wa'azin da zai hana matashi marar aiki haƙa a wannan farashi, haramci kuma yakan mayar da niƙan cikin ɗaki ne inda ba a gani, inda kuma ya fi kusa da yara. Abin da aka gwada ya yi aiki sananne ne: a keɓe wurin niƙa nesa da gari, a niƙa da ruwa don kada ƙura ta tashi, ma'aikaci ya yi wanka ya sauya tufa kafin ya shiga gida, a hana mata masu ciki da yara zuwa wurin. Keɓe filin yana hannun ƙaramar hukuma da masarauta, gwajin jinin yara yana hannun ma'aikatar lafiya ta jiha, sharuɗɗan lasisi suna hannun Abuja. Ramukan da aka binne gurɓatacciyar ƙasar Bagega da sauran ƙauyukan bakwai kuwa suna nan inda aka bar su, dalma ba ta ruɓewa, don haka wajibi ne kowane dagaci da kowane jami'in filaye ya san inda suke kafin a yanka wa wani fuloti ko a haƙa rijiya a kansu.