Dariyar Minti Biyu da Abin da ke Cikin Kwalba

Tun zamanin marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, 'yan kasuwa suka gane cewa barkwanci ya fi dogon bayani sayar da haja. Yau gajeren fim ɗin talla mai ɗauke da fuskar jarumin Kannywood kan isa wayar manomin Fammar tun kafin malamin gona ya taso daga Kibiya. In maganin feshi ake tallatawa, manomin ba ya duba lambar NAFDAC, domin ya amince da wanda ya saba ba shi dariya. Wannan amincewar ce kamfani ya saya. Hukumar Tace Fina-finai ta Kano ta daɗe tana sa ido kan rawa da sutura. Ya kamata ta fara tambayar abin da ke cikin kwalbar.