Juji A Bakin Kasuwa: Ina Masu Karɓar Haraji?

Jama'a, duk wanda ya bi ta Fagge ya nufi Sabon Gari da damina ba ya bukatar a ba shi labari, hancinsa ya ishe shi. Lambatu ya cika da leda, ruwa ya rasa hanya, ga tsibin shara a gefen titi har akuya na hawa ta yi kiwo a kai. Abin da kowa ya sani shi ne a watan Agusta 2022 ruwa ya shiga Kantin Kwari ya jiƙa atamfa da shadda na kuɗi masu yawa, kuma 'yan kasuwa da bakinsu suka ce magudanan ruwa ne aka toshe, waɗansu da shara, waɗansu da ginin shaguna a kansu. To, wa ya ba da izinin ginin? Lalle ba mai tallan goro ba ne.

Da can sharar Kano ba ta kwana a banza. Toka, kashin awaki, ɓawon gyaɗa da tsumma, duk manoman karkara su ke zuwa da jakuna da mangala su kwashe su kai gona, shi ya sa gonakin da ke kewaye da birni su ke ba da gero da dawa shekara da shekaru ba a bar su sun huta ba. Gwangwanin madara kuwa maƙera su mai da shi fitilar aci-balbal. Leda ce ta zo ta ɓata wannan tsari. Ba ta ruɓewa, in ta shiga taki sai manomi ya zauna tsinta, in tunkiya ta haɗiye ta sai ta yi ta ramewa har a yanka, in kuwa aka cinna mata wuta hayaƙin ya sauka a ƙirjin yara.

Yau masu rage mana wannan kaya su ne 'yan bola jari. Yaro ya fito da buhu tun da asuba, ya tsinci ƙarfe da roba da gorar ruwa, ya kai wa mai sikeli. Alminiyam ya koma tukunya, roba a niƙa ta ta koma bokiti da buta da silifas. Wannan sana'a ce, tana ciyar da gidaje, kuma ba da kwabon hukuma aka kafa ta ba. Amma ba za mu rufe ido ba don 'yan'uwanmu ne. Yaron nan hannu tsirara ya ke tona juji, cikin fasassun kwalabe da allurar asibiti, a lokacin da ya kamata yana makaranta. Ana ƙona waya don a fid da jan ƙarfe, ana fasa batirin mota don dalma, ita kuwa dalma guba ce mai taɓa ƙwaƙwalwar yara. Waɗansu ɓata-gari kuma sun fake da buhun suna cire murfin lambatu da wayar lantarki. Mai sikelin da ya ga murfin lambatu ya auna ya biya, shi ma ɓarawo ne.

Mahukunta fa? An kafa hukumar kwashe shara ta REMASAB tun 2003. A 2021 aka miƙa aikin ga wani kamfani, a 2022 aka soke yarjejeniyar, shara kuwa tana nan inda ta ke. Ranar tsaftar ƙarshen wata a hana mutane fita, su yashe lambatu su tara a bakin titi, in mota ba ta zo ba ruwan farko ya mai da komai inda aka ɗebo shi. Daga nan ƙazantar ta gangara rafin Jakara, inda masu lambu ke ban ruwan latas da kabejin da mu ke saya a kasuwa. Ruwanda ta hana leda tun 2008, ba ta fi mu hankali ba.

Abin da mu ke nema kaɗan ne. A ajiye mazubi a kowane layin kasuwa, a faɗa mana ranar zuwan mota. A yi wa 'yan bola jari da masu sikeli rajista, a ba su safar hannu da takalmi, a ware musu fili nesa da gidaje. Mu kuma 'yan kasuwa, mu daina tura sharar rumfa cikin lambatu da dare. Ran da mai rasit ya zo karɓar kuɗi, kowa ya biya, sa'an nan ya tambaye shi a gaban shugaban layi: yaushe motar shara za ta zo?