Tannhaus na shirin Dark: shekara da shekaru yana ƙera na'ura, alhali magana ɗaya ta isa

1/ Jiya da dare na gama Dark karo na biyu, ga jarrabawa a gabana ban karanta ba. Mutum ɗaya ne ya hana ni barci: H.G. Tannhaus. Ra'ayina shi ne mutumin nan ba gwarzo ba ne, abin tausayi ne. Zan tona ƙarshen labarin, wanda bai kalla ba ya wuce kawai.

2/ Ga wanda bai sani ba: Dark shiri ne mai dogon zango na ƙasar Jamus, Netflix ta fitar da shi daga 2017 zuwa 2020, zango uku, kashi 26. Labarin wani ƙaramin gari ne mai suna Winden, inda yara ke ɓacewa, mutane na bi ta cikin kogo su faɗa 1953, 1986 ko 2019. Tazarar shekara 33 kenan.

3/ Shi Tannhaus mai gyaran agogo ne, da ɗan shagonsa. Sunan ma da gangan aka sa masa, don tunawa da H.G. Wells, marubucin Ingila da ya fitar da The Time Machine a 1895. A farko za ka ɗauka dattijon ba shi da wani muhimmanci. Ashe duk masifar daga shagonsa ta taso.

4/ A 1971 ɗansa Marek ya zo wajensa da matarsa Sonja da jaririyarsu. Uba da ɗa suka samu saɓani. Ƙorafin yaron shi ne, uban ya san komai game da sararin samaniya amma bai san ɗansa ba, bai taɓa tambayarsa me yake so ba. Marek ya fusata, ya ɗebi iyalinsa cikin dare ana ruwa. Mota ta faɗa daga kan gada. Duka ukun suka tafi.

5/ Me dattijon ya yi? Ya kulle kansa a ɗakin ƙarƙashin ƙasa, yana ƙera na'urar da za ta dawo da su. A 1986 ya kunna. Maimakon ta dawo da mutum uku, sai ta tsaga duniyarsa gida biyu. Duk wahalar da muka kalla a zango uku, kisan yara, uwa na neman ɗanta, ɗa na neman ubansa, daga wannan kunnawar ta fito.

6/ Nan ne nake rabuwa da masu cewa soyayyar uba ce tsantsa. Eh, yana son ɗansa. Amma ku duba fa: lokacin da yaron ke raye a gabansa, minti goma na saurare ya gagara. Da ya mutu, shekara 15 ba ta yi masa yawa ba. Wannan nadama ce ta sa rigar ilimi.

7/ Kuma halin da ya kore yaron shi ne dai ya ci gaba da shi. Ɗansa ya ce ka fi kula da lissafi a kaina, shi kuma amsar da ya bayar ita ce ƙarin lissafi. Kai jama'a!

8/ Na san me za ku ce, abokina ma haka ya ce da muna gardama a hostel: ai na'urar ta yi aiki, tunda Jonas da Martha daga waɗannan duniyoyin biyu suka fito, su suka je suka ceci iyalin. Gaskiya ne. Amma nawa aka biya? Duniya biyu cike da mutane sun sha azaba, a ƙarshe aka shafe da yawansu kamar ba a taɓa yin su ba. Wa ya nemi izininsu?

9/ Sannan ku tuna yadda ceton ya kasance. Sun tsaya a kan titi, suka ce wa Marek an rufe gadar. Shi ke nan. Ya juya mota ya koma gidan ubansa. Abin da aka tarwatsa duniya a kansa, uban na iya yin sa tun a bakin ƙofa: tsaya, ana ruwa, kwana a nan mu yi magana.

10/ To a zahiri fa? Lokaci ba ya tafiya daidai ga kowa, wannan Einstein ya nuna shi tun 1905 da 1915. A 1971, shekarar hatsarin nan, wasu masana biyu, Hafele da Keating, sun ɗora agogon atom a jirgin sama suka zaga duniya. Da suka dawo, agogonsu ya saɓa da na ƙasa kamar yadda lissafi ya ce.

11/ Wayar da ke hannunka ma shaida ce. Agogon taurarin GPS yana riga namu da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa ɗaya kullum. Da ba a gyara wannan, da taswira ta kai ka wata unguwa daban.

12/ Amma lura: duk wannan gaba ne, wani ya riga wani kaɗan. Komawa baya, babu wanda ya taɓa yi. A 2009 Stephen Hawking ya shirya walima don matafiya daga zamani mai zuwa, bai fitar da katin gayyata ba sai bayan an gama. Ya zauna ya jira. Ba wanda ya zo.

13/ Shi ya sa nake ganin irin waɗannan labaran ba kimiyya suke koya mana ba, nadama suke nuna mana da girmanta. Hausawa sun taƙaita zango ukun nan a jimla ɗaya: da na sani ƙeya ce.

14/ Ni kaina abin ya taɓa ni. A shekarata ta farko a jami'a kakata ta kira ni sau biyu ina lakca. Na ce zan kira da yamma, na manta. Bayan kwana uku ta rasu. Da akwai na'urar Tannhaus a ranar, wallahi da na kunna, ko me zai faru ya faru. Don haka ba zaginsa nake ba. Na gane shi ne, shi ya sa yake ba ni tsoro.

15/ Idan akwai wanda kuka rabu da faɗa, ko kiran da ka ce za ka mayar, yanzu ne gadar ba ta kai ga kowa ba. Ajiye wannan rubutun ka kira.

16/ Masu ganin Tannhaus gwarzo ne, ina jiranku a ƙasa. Amma ku zo da amsa: ran mutum uku naka ya halatta maka wasa da rayukan gari guda?