FILIN MASU MOTA: Bendis, Ɗan Ƙarfen Da Ke Sa A Tura Mota

Akwai wani kuka da mota kan yi wanda duk wanda ya daɗe da riƙe sitiyari ya san shi. A murɗa makulli, sai a ji kik yana ta gudu kamar injin niƙan da babu hatsi a cikinsa, inji kuwa ko motsi bai yi ba. A sake murɗawa, watakila a karo na uku ko na huɗu ya kama, mota ta tashi, mai ita ya manta da zancen. Haka za a yi ta lallaɓawa mako biyu ko uku, ran nan sai ta ƙi faufau a gidan mai ko a tsakiyar kasuwa, a shiga neman samarin da za su tura. Wanda motarsa otomatik ce ma ba shi da wannan gata, domin irinta ba ta tashi da turi.

Sau da yawa abin da ya jawo wannan wulakanci wani ɗan ƙarfe ne mai haƙora da ke bakin kik, wanda bai cika tafin hannu ba, makanikai na kiransa bendis. Abin takaici shi ne yawan mutanen da kan sayi sabon batir, ko su canja kik ɗungurungum, alhali wannan ɗan ƙarfe kaɗai ne ya gaji, kuɗinsa kuwa bai kama ƙafar na kik ba. Mai mota da ke da sifana, da sukudireba, da haƙuri na rabin yini, yana iya gane ciwon da kunnensa, ya kuma yi maganinsa a ƙofar gida.

Sunan ya samo asali ne daga wani Ba'amurke, Vincent Bendix. Kafin zamaninsa da hannu ake tayar da mota, a zura wani lanƙwasasshen ƙarfe a gaban inji a yi ta murɗawa, in inji ya yi tutsu ya juyo baya sai ya karya wa mutum hannu. A shekarar 1912 kamfanin Cadillac ya fitar da mota mai tashi da lantarki bisa aikin Charles Kettering, sa'an nan a 1914 aka fara sa dabarar Bendix a motar Chevrolet. Dabarar ita ce a ɗora ɗan giya a kan sanda mai zare kamar na noti, da zarar sandar ta fizga sai giyan ya zame gaba ya shiga haƙoran fulawil, watau babban faifan ƙarfen da ke bayan inji, in inji ya tashi kuma ya cillo shi baya. An daɗe da barin wannan tsari a sababbin motoci. A kik na yanzu akwai wani ɗan gwangwani goye a bayansa, shi ne solinoyid, wanda ke jan wata gwafa ta ƙarfe, gwafar ta tura giyan cikin haƙoran fulawil tukuna kafin a sakar wa kik wuta. Tsari ya canja, amma suna ya zauna, daga Ladipo ta Ikko har Ƙofar Ruwa ta Kano bendis ake cewa.

A bayan giyan akwai wata 'yar kwalla rufaffiya, cikinta 'yan gungumomin ƙarfe ne da sifirin da giris. Aikinta ta riƙe gam idan kik ne ke juya inji, ta saki idan inji ne ya fara juya kik. Dalilin haka lissafi ne. Motar Volkswagen Beetle mai batir na bolt 12, irin wadda aka fara harhaɗawa a Ikko a 1975, haƙora 130 ne a fulawil ɗinta, na bendis kuwa 9. Ke nan kowane zagaye ɗaya na inji ya fi zagaye 14 na kik. Da babu wannan kwalla, inji na tashi ya kai zagaye 1,000 a minti, sai ya ja kik ya wuce zagaye 14,000, wayoyin cikinsa su tarwatse. To, idan gungumomin nan suka cinye, ko sifirinsu ya saki, sai kwallar ta riƙa sakin jiki ta kowane gefe. Kik yana gudu, giya yana cikin haƙora, amma ƙarfin ba ya isa ga inji. Wannan shi ne kukan injin niƙa da aka ambata.

Lalle ne a bambanta shi da sauran kukan, domin nan ake asarar kuɗi. Idan an murɗa makulli aka ji shiru, ko aka ji ƙas sau ɗaya, ko kar-kar-kar a jere fitilun gaban direba suna dushewa, to bendis ba shi da laifi. A duba batir da kawunansa, da wayar da ta haɗa inji da jikin mota, da gawayin kik. A motocin Toyota da yawa masu kik na Denso, ƙas sau ɗaya yakan nuna tagullar da ke cikin solinoyid ce ta ƙone. Haka nan idan inji yana juyawa amma da nauyi kamar mai jan ƙafa. Wanda ke da mita ya gwada: cikakken batir yana nuna bolt 12.6, kuma bai kamata ya sauko ƙasa da 9.6 ba yayin da ake tayar da mota. Kukan bendis iri uku ne. Akwai gudun banza inji bai motsa ba, akwai wanda zai kama inji ya ɗan girgiza sa'an nan ya suɓuce, akwai kuma gurzar ƙarfe da ƙarfe mai sa haƙoran mutum su mutu. Idan kuwa mota ta tashi amma aka ci gaba da jin ƙara mai tsini, giyan ne ya ƙi komawa, sai a kashe inji nan take.

Gurzar nan ita ta fi bukatar natsuwa, domin haƙora biyu ne ke haɗuwa, ba a san na wa ya lalace ba. Injin mai silinda huɗu in an kashe shi yakan tsaya ne a ɗaya daga wurare biyu, mai shida a ɗaya daga uku, saboda haka a waɗannan wurare kaɗai bendis ke dukan fulawil shekara da shekaru, nan ne kuma haƙora ke fara cinyewa. Gwajin mai sauƙi ne. A zare makulli, a sa giya na huɗu, a tura motar gaba kamar taki ɗaya domin fulawil ya gusa, a mayar da giya firi, a sake gwadawa. Idan ta kama lafiya duk lokacin da aka yi haka, to a zargi fulawil. Idan babu abin da ya canja, bendis ne. Mai otomatik sai ya sa sifana a babban notin fulin da ke gaban inji ya ɗan juya shi.

Kafin a taɓa kome, a ajiye mota a wuri mai daidai, a ja birkin hannu, a sa duwatsu a tayoyi, a bar inji ya huce. Sa'an nan a cire kan batir mai alamar ɗebewa, shi ne farko. Wannan wajibi ne. Babbar wayar da ta zo kik kai tsaye take daga batir, kullum da wuta a cikinta ko makulli na aljihu, kuma a yawancin motoci babu fis a tsakani. Kik yana jan amfiya fiye da 100, batir kuwa yana iya ba da ninkin haka, in sifana ya haɗa wannan waya da jikin mota sai ya yi ja kamar garwashi. Zobe da agogon ƙarfe ma a cire su. Idan sai an shiga ƙarƙashi, kada a dogara da jak kaɗai, kada kuma a tokare da bulon siminti mai rami, wanda kan fashe ba tare da gargaɗi ba. Katako mai kauri ko ƙafafun ƙarfe na gareji su ne abin dogara.

A ɗauki hoton wayoyin da wayar hannu kafin a kwance su. Noti biyu ne ko uku ke riƙe da kik a jikin giyabos, na sama yakan ba da wuya, kuma kik yana da nauyi, sai a tallafe shi kafin na ƙarshe ya fita. In an tarar notin a sake tun farko, to watakila an ga tushen gurzar ke nan.

Da kik ya zo hannu, a kama giyan da yatsu a juya. Lafiyayye yana tafiya sumul ta gefe ɗaya, ta ɗaya gefen kuma ya cije nan da nan ya ja sandar tare da shi. Wanda ya juya ta kowane gefe, ko ya ƙi ta kowane gefe, ko yake tafiya da gargada, ya gama aiki. Akwai wani gwaji da ake yawan yi a gareji wanda ke yaudarar mutane, watau a ajiye kik a ƙasa a ba shi wuta, giya ya yi tsalle ya fito yana gudu, a ce ai lafiyarsa ƙalau. Wannan gwaji solinoyid da gawayi kaɗai yake shaida. Kwallar da ta gaji ba ta nuna halinta sai an ɗora mata nauyin inji, a ƙasa kuwa iska take juyawa.

Sa'an nan a haska tocila ta ramin da kik ya fito, a yi wa haƙori ɗaya na fulawil alama da alli, wani ya riƙa juya inji a hankali har alamar ta dawo. Bakin haƙoran da ya ɗan goge ba kome ba ne. Amma idan an ga inda suka karye ko suka cinye har rabi, to sabon bendis ba zai yi rai ba, fulawil zai cinye shi kamar yadda ya cinye na farko. Canja zoben haƙoran sai an sauke giyabos, a gasa sabon zobe ya buɗe a sa shi da zafinsa, wannan kuwa ya wuce aikin ƙofar gida. Masu cika haƙoran da walda su goge da magagari suna nan, amma sau da yawa gyaran gangar Auzinawa ne.

Kwance kik ɗin kansa ba wuya. A ja layi da ƙusa a jikinsa daga kai zuwa gindi domin a san yadda sassan suke fuskantar juna. A kwance gajeriyar wayar da ta fito daga cikin kik zuwa solinoyid, a cire solinoyid, a zare dogayen noti biyu da suka ratsa jikin, hancin kik ya fita. A lura da yadda gwafar take kwance, domin in an mayar da ita a juye giya ba zai kai ba. A bakin sandar akwai wani ƙulli na ƙarfe da ke tare bendis. A sami ɗan bututu daidai kaurin sandar a ɗora a kansa, a buga da guduma ya yi ƙasa wajen giyan, sai wani siririn zobe ya bayyana a cikin tsaga. A ɓanɓare zoben, ƙullin ya fita, in akwai kaifi a bakin tsagar a shafe da magagari, bendis ya zame ya fito. Masu kik na Denso su shimfiɗa farin tsumma tukuna, gama akwai wani ɗan ƙwallon ƙarfe da sifirin a cikin sandarsa, da wasu 'yan gungumomi a ƙaramin giyan tsakiya, in ɗaya ya faɗa cikin yashi an shiga uku.

Da tsohon a hannu ake zuwa kasuwa, ko Panteka ta Kaduna ce ko Nkwo ta Nnewi. Sunan mota kaɗai ba ya isa, domin mota iri ɗaya takan zo da kik na kamfanoni dabam-dabam. A ƙirga haƙoran waje, a ƙirga zaren ciki, a gwada tsawo, a kuma tabbata gefen da sabon ke cijewa shi ne gefen da tsohon yake cijewa a da, gama akwai masu kama da juna sak amma juyinsu ya saɓa. Beetle ma kanta shaida ce: tsofaffinta masu bolt 6 haƙora 109 ne a fulawil, bendis ɗin wannan ba ya shiga waccan. Game da sabo mai araha da tsoho na beljiyam, kowanne akwai nagari akwai na banza, gwajin yatsu dai shi ne alƙali, kuma araha ba ta ado.

Wajen mayarwa, a goge sandar tas, a shafa giris ɗan kaɗan a kan zaren. Kada a jiƙa bendis cikin fetur ko kananzir da sunan wanki, domin zai wanke giris ɗin da aka rufe a cikin kwalla, babu kuma hanyar mayar da shi. Tsohuwar mota mai tsarin Bendix na asali, wadda ba ta da gwafa, ita zarenta a bushe ake barinsa, domin giris na kama ƙurar hunturu da garin kuloci ya zama laka, giya ya kasa zamewa. Ƙulli ake fara sawa, sa'an nan zobe, in an samu sabo ya fi, sai a jawo ƙullin sama da filaya biyu har ya hau kan zoben ya rufe shi. Tun da kik na buɗe, a girgiza sandar a cikin bushinta, in tana rawa a canja bushin, a kwanar da sabon cikin man inji kafin a sa. A Beetle mai kuloci bushin gaba a jikin giyabos yake, shi ya sa ake yawan mantawa da shi, shi ya sa kuma ba a ba kik ɗinta wuta a ƙasa.

A ɗaure noti gam, a mayar da wayoyi bisa hoto, kan batir mai alamar ɗebewa ya zama na ƙarshe. Daga nan abin da ya rage hannun direba ne. A saki makulli da zarar inji ya kama, in bai kama ba a jira ya tsaya cak kafin a sake, kada kuma a wuce daƙiƙa 10 ana riƙe da shi. Motar da ke tutsu baya lokacin tayarwa, kamar tsohuwar Peugeot 504 da aka matsa wa taimin gaba, a kai ta a daidaita mata, domin wannan duka shi ke fasa kwalla da haƙora tare.