Izini Uku Kafin a Rushe Bangon Madafa

Tun da sojojin Sudan suka karɓe Khartum a watan Maris 2025, iyalai suka shiga gyaran gidajen da yaƙin 2023 ya lalata. Wasu na sha'awar haɗe madafa da falo. Muna tunatar da su izini uku.

Na farko, na injiniya da hukumar tsara birni. Tsofaffin gidajen Umdurman da yawa na laka ne ko jan bulo, bango ne ke ɗauke da rufi. In aka cire shi babu ginshiƙi, rufin na iya ruftawa kan iyali. Wanda ya ga ambaliyar Agustan 1988 ya san raunin irin wannan gini.

Na biyu, na masu haƙƙi: mai gida in haya ce, magada in ba a raba gado ba, maƙwabci in bangon na tarayya ne.

Na uku, na uwargida. Madafa suturarta ce. In an buɗe, idon baƙi na kanta, hayaƙin gawayin gasa kisra kuma ya cika falo.

Allah Ya sa mu dace, amin.