Ƙarar Kwangilar Hanya Ba Fitina Ba Ce

 

Ya 'yan'uwa Musulmi, duk lokacin da wani ya kai gwamnati kotu a kan yadda aka bayar da kwangilar hanya, sai ka ji ana cewa ɗan adawa ne, ko maƙiyin ci gaba. Mu kuwa muna ganin cewa wanda ya tambayi yadda aka kashe dukiyar baitulmali ya sauke wani nauyi ne da ke wuyanmu baki ɗaya.

A shekarar 2024 aka fara aikin hanyar gaɓar teku daga Legas zuwa Kalaba, mai tsawon kimanin kilomita 700. An ba kamfanin Hitech aikin ba tare da an buɗe gasa ga kowa ba, kuma kashin farko kaɗai, kilomita 47, ya haura Naira tiriliyan ɗaya. Ministan Ayyuka, David Umahi, ya kare matakin da hujjar ƙwarewar kamfanin. A wannan shekarar ce Funso Doherty, tsohon ɗan takarar gwamnan Legas, ya shigar da ƙara a Babbar Kotun Tarayya yana cewa an saɓa wa dokar bayar da kwangila. Gaskiya a wannan shari'a aikin alƙali ne ya fayyace ta. Abin da ya dame mu shi ne, me ya hana mu yin irin wannan a kan hanyoyinmu?

Mu dubi hanyar Abuja zuwa Kaduna, Zariya da Kano. A Disambar 2017 aka bayar da ita ga Julius Berger a kan kimanin Naira biliyan 155. A 2021 aka faɗaɗa aikin, kuɗin ya koma kusan biliyan 797. A Nuwambar 2024 kuma gwamnati ta soke kwangilar ɓangaren Abuja zuwa Kaduna bayan saɓani a kan farashi. Zuwa lokacin, shekara bakwai ke nan matafiya suna shan azaba, ana asarar rayuka da dukiyoyi, mu kuwa ba mu wuce tsaki da Allah-ya-isa a cikin mota ba.

Alhali kuwa hanya a buɗe take. Dokar bayar da kwangila ta 2007 ta sanya gasa a fili ta zama asali, sauran hanyoyi kuwa sai da dalili. Ta ba ɗan kwangilar da aka zalunta kwana 15 na aiki ya kai kuka ga shugaban ma'aikatar, daga nan ga hukumar kula da kwangiloli, wato BPP, sannan ga Babbar Kotun Tarayya. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 kuma ta ba kowane ɗan ƙasa ikon neman takardun kwangila, a amsa masa cikin kwana 7.

Wannan ba baƙon abu ba ne a Musulunci. Allah Ya yi umurni da mayar da amana ga ma'abotanta a cikin Suratun Nisa'i. Sayyidina Umar, Allah Ya ƙara masa yarda, yana ƙididdige dukiyar gwamnoninsa, idan ta ƙaru ba bisa dalili ba ya mayar da wani kaso baitulmali. Mujaddadi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a cikin Kitabul Farƙi ya lissafa gaisuwar da ake kai wa masu mulki a cikin ɓarnar da ya yaƙa.

Babu shakka akwai mai zuwa kotu don hassada, ko don a toshe masa baki da wani abu, aikin jama'a ya tsaya. Wannan zalunci ne, kuma muna tir da shi. Maganinsa shi ne masu tsoron Allah su shiga fagen, kuma su yi tambaya tun ranar da aka bayar da kwangila, domin icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Saboda haka muna kira ga lauyoyi da injiniyoyin da ke cikinmu su haɗa kai a kowace jiha, su nemi takardun hanyoyin yankinsu, su bayyana wa jama'a abin da suka gani cikin adalci, in ta kama su je kotu. Malamanmu kuma su karantar da cewa cin dukiyar jama'a haramun ne, ko da ɗan garinmu ne ya ci.

Allah Ya ba mu shugabanni masu riƙon amana, Ya ba mu ikon faɗin gaskiya.