Idan An Cuci Wakafi A Kasuwa, Wa Zai Kai Ƙara?

A ɗauka wani dattijo a Bakori ya bar gona wakafi, ya ce abin da ta bayar a ciyar da marayu, a kuma riƙe Islamiyyar unguwa. Mutum uku ke riƙe da amanar. Bana sun sayo takin zamani a Funtuwa, aka zuba wa masara, ta yi ja ta tsaya, daga baya aka gano an cakuɗa takin da yashi. Sun kuma biya mai haƙa rijiyar burtsatse don makarantar, rijiyar ta ƙafe kafin damina. Mai gonar yana kabari, marayun ba su sayi komai ba, amintattun kuwa kuɗin ba nasu ba ne. To, da sunan wa za a kai koke?

Tambayar ta taɓa kaiwa Kotun Ƙolin Indiya. A 2017, a shari'ar wata gidauniya mai suna Pratibha Pratisthan da bankin Canara, kotun ta ce dukiyar amana ba "mutum" ba ce a ƙarƙashin dokar kare masu saye ta 1986, saboda haka ba ta da bakin kai ƙorafi. A 2019 wasu alƙalan kotun suka nuna shakku a kan hukuncin, suka nemi zama mafi girma ya sake duba shi.

A Nijeriya ina ganin wannan ƙofa a buɗe take. Dokar gasa da kare masu saye ta 2018, wadda ta kafa hukumar FCCPC, ta ce mai saye shi ne duk "mutumin" da ya sayi kaya ko aka yi wa aiki. Dokar fassara kuma ta shigar da ƙungiyar mutane cikin ma'anar kalmar, ko da rajista ko babu. Amintattun da suka yi rajista da hukumar CAC sun fi kowa ƙarfin ƙafa, domin dokar kamfanoni ta 2020 ta ba su damar yin ƙara da sunan gidauniyarsu. Waɗanda ba su yi ba za su sha wuya a kotu. Ko ƙungiyar lauyoyi ta ƙasa, Kotun Ƙoli ta ce a 1989, a ƙarar Gani Fawehinmi, ba ta da matsayin da za a yi shari'a da sunanta. Ina ga kwamitin masallacin unguwa? Sai dai amintattun su shiga da sunayensu a madadin wakafin.

Inda gizo ke saƙa wani wuri ne dabam. Dokar ta 2018 ta cire wanda ya sayi kaya don ya sake sayarwa, ta kuma cire wanda ya saya don ya samar da wasu kayan sayarwa. Wannan togaciya ba ta shafi aikin da aka yi wa mutum ba, saboda haka ƙorafin rijiyar yana da hanya. Na takin fa? Lauyan dillali zai miƙe ya ce an sayi takin ne don a noma masarar da za a kai kasuwar Bakori, ke nan wakafin ba mai saye ba ne a idon doka. Hujjar tana da nauyi, kuma ba wakafi kaɗai take dokewa ba. Tana doke duk manomin Funtuwa da Malumfashi da ke sayar da rabin amfaninsa don ya biya kuɗin makaranta.

Na fahimci manufar togaciyar: kada masaƙa ko kamfanin gurzar auduga ya fake da dokar da aka yi don talaka, alhali yana da lauyoyi da yarjejeniya a rubuce. Amma gonar marayu ba masaƙa ba ce. Indiya ta ware wanda ya sayi kaya don neman abincinsa da aikin kansa, ta bar shi cikin masu saye. Majalisar Tarayya na iya yin irin wannan gyara, ta haɗa da dukiyar da ribarta ke tafiya ga sadaka kacokan.

Kafin nan, amintattun ba su rasa madafa ba. Akwai dokar kula da ingancin taki ta 2019, akwai kuma ƙarar saɓa yarjejeniyar ciniki. Dukansu suna buƙatar shaida, abin da muka fi sakaci da shi: rasit mai sunan wakafin, buhu ɗaya da ba a buɗe ba, da takardar da ta nuna wanda aka ɗora wa amanar. Da yawa daga wakafan garuruwanmu da baki aka yi su, gaban shaidun da su ma yanzu sun tsufa.